Yadda ake canza sarƙar injin yankan itace

Sarƙar injin yankan itace takan nuna ta gaji tun kafin ta tsinke. Dubi abin da take zubarwa a gaban ƙafarka: sarƙa mai kaifi ɓarzajjen katako take watsowa, ɓaro-ɓaro, wadda ta dakushe kuwa gari take fitarwa mai laushi kamar dusa, kuma sai ka danna injin da ƙarfi kafin ya shiga itace. Wannan kaɗai bai kai a sayi sabuwa ba, wasawa da magagari ya isa. Canji yana zama dole ne idan wasawa ta cinye haƙoran har tsawon saman haƙori ya koma kusan milimita 4, ko ya kai ɗan layin da kamfani yake zanawa a bayan haƙorin don nuna iyaka. Haka kuma idan wasu haƙoran sun karye, ko an ga tsaga a gefen ribiti, wato 'yan kusoshin da suka haɗa gaɓoɓin sarƙar, ko wasu gaɓoɓin sun ƙage ba sa lanƙwasuwa, ko sarƙar ta miƙe har an ƙure kusar ɗauri, wadda ake juyawa don a miƙar da sarƙar, amma tana nan tana reto.

A wannan bayani, ƙarfen nan mai faɗi da sarƙa take zagayawa a kansa za mu kira shi takobi. 'Yan harsunan da ke ƙasan sarƙa, waɗanda suke tafiya a cikin kwarmin takobin, su ne ƙafafu. Sifiroket kuwa shi ne ɗan faifan nan mai haƙora da ke jan sarƙar daga jikin kuloci, kamar dai na babur.

Awo uku kafin a je kasuwa

Yawancin asarar da ake yi a wannan aiki a shago ake yin ta. Mutum ya ce a ba shi sarƙar inci 20, a miƙo masa, ya kai daji ta ƙi zama. Tsawon takobi ba ya isa a gane sarƙa, domin takubba biyu masu inci 20 suna iya buƙatar sarƙoƙi daban-daban. Abu uku ake dubawa.

Na farko tazara. Ana auna ta ne daga tsakiyar ribiti na farko zuwa tsakiyar na uku, a raba biyu. Waɗanda aka fi samu su ne 1/4, da .325, da 3/8, da .404, duk a ma'aunin inci. Idan ma'aunin milimita ne a hannunka, ribiti uku na .325 za su ba ka kusan milimita 16 da rabi, na 3/8 kusan 19, na .404 kusan 20 da rabi. Akwai tarko a wajen 3/8: iri biyu ce, akwai babba ta manyan injuna, akwai mai gajeren haƙori ta ƙananan injuna, wadda kamfanin Stihl yake kira Picco. Awonsu ɗaya a takarda, amma ba sa hawa sifiroket ɗin juna. Dole tazarar sarƙa ta zo daidai da ta sifiroket, da ta ɗan tauraron da ke hancin takobi idan takobin mai tauraro ne.

Na biyu kaurin ƙafa, wato faɗin da zai cika kwarmin takobi. Huɗu ne suka fi yawo: milimita 1.1, da 1.3, da 1.5, da 1.6, waɗanda a inci ake rubuta su .043, .050, .058 da .063. Ƙafar da ta fi kwarmi kauri ba za ta shiga ba, wannan da sauƙi, nan take za ka gane. Wadda ta fi shi siranta ita ce mai cutarwa, don za ta shiga lafiya lau, sai an fara yanka ta riƙa kwanciya gefe, yankan ya karkace, kwarmin ya ƙara buɗewa.

Na uku yawan ƙafafu. Shimfiɗa tsohuwar sarƙar a ƙasa, ɗaura zare ko ka sa alli a ƙafa ɗaya, ka ƙirga har ka dawo kanta. Ƙafafu ake ƙirgawa, kada ka ƙirga haƙora. Ga misali: injunan China masu lamba 5200 da 5800 da suka cika kasuwanninmu, mai takobin inci 20 yawanci .325 ce, kauri 1.5, ƙafa 76. Stihl MS 381 da takobin inci 20 tana ɗaukar 3/8, kauri 1.6, ƙafa 72, idan takobin inci 25 ne kuma ƙafa 84. Babbar Stihl 070 da masu tsaga katako suke ji da ita .404 take ci, kauri 1.6.

Sau da yawa duk awon nan uku suna buge a gindin takobi, wajen da murfin gefen injin yake rufewa, shi ya sa fenti ya goge ko'ina amma su suna nan. Goge wurin da tsumma ka karanta. A jikin sarƙar ma akwai shaida: Stihl tana buga lambar kauri a kan ƙafa, 3 na nufin 1.3, 6 na nufin 1.6. Kamfanin Oregon kuma lambobinsa 72, 73 da 75 duk 3/8 ne, kaurinsu ne ya bambanta, 1.3, 1.5 da 1.6 a jere. In duk wannan ya rikice maka, ɗauki tsohuwar sarƙar da takobin ka tafi da su shago. Ɗaukar kayan ya fi dawowa canji sauƙi.

Sai siffar haƙori. Akwai mai kusurwa tsaye, akwai mai ɗan zagaye a kafaɗa. Mai kusurwa ya fi sauri a ɗanyen itace mai tsabta, amma da ya taɓa yashi ya mutu. Wanda yake aiki a inda ɓawon itace yake cike da ƙurar hunturu, ko gara ta yi wa kututture yaɓen ƙasa, ko busasshiyar ƙirya da marke yake fama da su, mai zagayen kafaɗa ya fi masa, don ya fi jure datti kuma ya fi sauƙin wasawa. Idan kuma tsaga katako ake yi a tsaye, bin tsawon gungume, akwai sarƙar da aka wasa haƙoranta a kusurwar digiri 10 maimakon 30 na yankan gicciye. Tana fitar da fuskar katako sumul.

Wasu shagunan daga babban naɗi suke yanko sarƙa su haɗa maka. Ba laifi, amma duba mahaɗin kafin ka biya. Lanƙwasa shi da yatsa: ya motsa kamar sauran gaɓoɓin, kan ribitin ya baje daidai ba tsaga. Mahaɗin da aka daddake da guduma har ya ƙage, a nan sarƙar za ta tsinke, kuma sarƙar da ke gudun kusan mita 20 a daƙiƙa ɗaya ba ta tsinkewa a hankali.

Cire tsohuwar

Kayan aikin ba su da yawa: sifanar da take zuwa da injin, mai bakin noti a gefe ɗaya da sukudireba a ɗaya gefen, safar hannu mai kauri, tsumma, ɗan buroshi, siririn ƙarfe na sakace kwarmi, da magagari mai faɗi. Notin Stihl yawanci milimita 19 ne, na Husqvarna da na injunan China 13.

Kashe injin ka bar shi ya huce. Cire hular fulogi. In na batir ne zare batirin, in na lantarki ne zare wayar daga soket. Ajiye shi a kan benci ko faffaɗan katako, kada a kan yashi, domin duk abin da ka kwance a jiƙe yake da mai, kuma yashi mai yake nema.

Kafin ka taɓa noti, saki birkin sarƙa. Jawo garkuwar hannun da ke gaba zuwa wajen mariƙi har ka ji ƙas, sannan ka ja sarƙar da hannu ka tabbatar tana tafiya. Wannan matakin shi aka fi mantawa, kuma shi ya fi ɓata rana. A Husqvarna da yawancin injunan China, zoben birkin a jikin murfin yake. Idan birki yana kame, zoben ya shaƙe gangar kuloci, murfin zai ƙi fita. In ka ɓanɓare shi da ƙarfi ya fito, zoben zai tsuke, ya ƙi komawa, sai an yi dabarar ɗana shi da hannu alhali sifirin ɗinsa mai ƙarfi ne. Da yawa daga tsofaffin 070 ba su da birkin ma sam, masu su sai su ƙara kula ta wani wajen.

Sassauta notin biyu kaɗan, kada ka cire su tukuna. Juya kusar ɗauri zuwa hagu har sarƙar ta saki. Kusar tana gefe tsakanin notin biyu a sababbin injuna, a tsofaffi kuwa tana gaba, kusa da gindin takobi. Yanzu cire notin, ka sa su a aljihu ko cikin murfin, don noti in ya faɗa cikin garin katako sai an yi tankaɗe. Ɗaga murfin. Tura takobin baya zuwa wajen sifiroket, zame sarƙar daga hanci, sannan ka fitar da ita daga sifiroket. In kulocin yana waje, ya rufe sifiroket, sai ka ɗan karkata sarƙar ka tsallakar da ita ta kan gangar. Zare takobin. Wasu injunan suna da siririn faranti a kowane gefen takobi. Lura da yadda suke zaune, a haka za su koma.

Abin da za a duba kafin sabuwa ta hau

A nan ne ake raba wanda sarƙarsa za ta daɗe da wanda zai koma shago bayan sati biyu. Sarƙa da sifiroket da takobi tare suke cinyewa, kowanne ya saba da lalacewar ɗan'uwansa. Ka ɗora sabuwar sarƙa a kan cinyayyen sifiroket, shi zai koya mata tsufa: ƙafafunta ba za su faɗa daidai cikin haƙoransa ba, za su daddake, ta miƙe da wuri.

Dubi haƙoran sifiroket. In sarƙa ta yi musu rami da ya wuce rabin milimita, wanda farce yake maƙalewa a ciki, a canza shi. Ƙa'idar da Stihl take bayarwa ita ce sifiroket ɗaya ga sarƙa biyu, kuma masu aikin sukan ƙara da cewa takobi ɗaya yakan ga bayan sarƙa huɗu. Wanda ya sayi sarƙa biyu lokaci guda yana musanya su a kan sifiroket ɗaya ya fi cin riba, don ukun za su tsufa tare.

Sai takobi. Sa siririn ƙarfen a kwarmi ka sakace daga hanci zuwa gindi, gefe biyu. Abin da zai fito baƙin kwaɓi ne na mai da garin katako, wani lokaci ya daskare kamar sabulu. Nemo ɗan ramin mai da ke gindin takobin ka huda shi da waya har ka ga haske ta cikin kwarmi, ka kuma goge bakin da mai yake fitowa a jikin injin. Ramin nan bai fi kan ashana ba, amma in ya toshe, tankin mai yana cike sarƙa tana tafiya a bushe.

Shafa gefen takobin da safar hannu. Za ka ji wani kaifi ya tasa a leɓensa, inda sarƙa ta baje ƙarfen. Goge shi da magagari mai faɗi. Tsayar da takobin ka hango leɓɓan biyu: in ɗaya ya fi ɗaya tsawo, yanka zai riƙa zamewa gefe guda komai kaifin sarƙa. Zurfin kwarmi ma yana da iyaka, kada ya gaza milimita 6 ga 3/8 da .325, 7 ga .404, 5 ga Picco. In ya gaza haka ƙafafun za su riƙa shafar ƙasan kwarmi, haƙoran ba za su zauna a kan leɓe ba, takobin ya gama aiki ke nan. Juya tauraron hanci da yatsa, ya juya ba tare da ƙara ko cijewa ba, in yana da ramin giris a ba shi. Sannan a kifa takobin, gefen da yake ƙasa ya koma sama. Rubutun kamfani zai koma a kife, ba komai. Ƙasan takobi ne ya fi shan wuya, juyawar ce take raba musu wahalar.

Leƙa ƙarƙashin injin kuma, akwai ɗan ƙugiyar alminiyam ko roba da ke cafke sarƙa idan ta tsinke ko ta zame. In ta karye, a sa wata. Kuɗinta kaɗan ne, aikinta kare hannun dama.

Ɗora sabuwar

In da hali, jiƙa sabuwar sarƙar a cikin man sarƙa tun daren jiya, don man ya ratsa cikin ribiti. Warware ta a kan benci har ta zama zobe ɗaya. In ta harɗe ta yi 'yan zobba, kada ka murɗa ta gefe, bi su ɗaya-ɗaya kana juyawa, da kansu suke warwarewa.

Juya kusar ɗauri zuwa hagu har ɗan fegin da ke tura takobi ya dawo baya, kusa da sifiroket. Sabuwar sarƙa ta fi tsohuwar gajarta, in ka bar fegin inda yake ba za ta kai ba. Mayar da takobin kan kusoshinsa biyu, ka tura shi baya iyaka.

Yanzu fuskar haƙora. A saman takobi, bakin haƙori mai kaifi yana kallon hanci, wato yana guje wa injin, kuma ɗan tudun da ke ƙayyade zurfin yanka yana gabansa. A ƙasan takobi kuwa haƙoran suna dawowa wajen injin. Yawancin injuna suna da ɗan zanen haƙori a jiki ko a murfi, wasu sarƙoƙin kuma da kibiya. Ko tsofaffin hannu sukan sa ta a baibai idan ana sauri, saboda haka a duba sau biyu.

Fara rataya sarƙar a sifiroket, ka tabbatar ƙafafun sun faɗa cikin haƙoransa, ba a gefensa ko bayan ganga suke ba. Bi saman takobi kana jera ƙafafun a kwarmi, ka zagaya da ita hanci. Jawo takobin gaba har sarƙar ta ɗan miƙe, sannan ka daidaita fegin da ramin da ke gindin takobi. In fegin a jikin murfi yake, sai ka riƙa juya kusar kaɗan-kaɗan kana ɗora murfin har ka ji ya faɗa. Murfi ya kwanta daram, ba tazara. In ya ƙi kwanciya, fegin bai shiga ba. Kada ka ce noti zai jawo shi, fegin ne zai lanƙwashe ko murfin ya fashe. Ɗaura notin da yatsu kawai, yadda takobin zai iya motsi.

Ɗauri

Kama hancin takobi da hannun hagu ka ɗaga shi sama, ka riƙe a haka. Dalili kuwa, takobin yana da ɗan wasa a kan kusoshinsa, kuma da zarar an fara yanka itace sama zai tura shi. In ka ɗaure shi hanci na ƙasa, yankan farko zai ɗaga shi, ɗaurin ya canza.

Da hannun dama juya kusar zuwa dama. Kalli ƙasan takobin, wajen tsakiya, inda sarƙar take reto. Ci gaba da juyawa har ta hau ta taɓa leɓen takobin, ba haske tsakaninsu. Tsaya nan. Ja sarƙar da safar hannu, daga injin zuwa hanci, ta zagaya sau ɗaya ko biyu don ƙafafun su zauna. Sau da yawa za ka ga ta sake saki, sai ka ƙara kaɗan. Hancin yana ɗage har yanzu, ɗaure notin da sifana, na baya sannan na gaba. Ƙarfin hannu ɗaya ya isa. Masu sa bututu a sifana ko su taka ta da ƙafa su ne suke kwance barima, ko su tumɓuke kusar daga jikin injin.

Gwaji biyu ne. Ɗaga sarƙar a tsakiyar takobi da yatsu biyu: ta ɗago kaɗan, ƙafafun su leƙo amma kada su fita daga kwarmi gaba ɗaya, in ka saki ta koma da kanta ta ce ƙat. Sannan ta jawu da hannu ɗaya ba tare da kokawa ba. Takobin da ba shi da tauraro a hanci, irin wanda ake yawan gani a 070, ana barin tasa sarƙar da ɗan sassauci fiye da haka, don a kan ƙarfe tsagwaro take goga a wajen juyawa.

Sako-sako yana sa sarƙa ta yi tsalle daga takobi, ta daddake ƙafafunta, ta cinye gindin takobi da bayan hanci. Ɗauri fiye da kima kuma yana cinye hanci da boris ɗin kuloci, yana rage wa injin ƙarfi, takobin ya yi zafi har gefensa ya yi shuɗi.

Tayarwar farko

Cika tankin man sarƙa. A nan akwai maganar da ba kowa ke son ji ba: baƙin man da aka juye daga mota, wanda da yawa suke zubawa don arha, yana ɗauke da garin ƙarfe da ke cinye famfon mai, ba shi da danƙon da zai riƙe shi a jikin sarƙa, kuma yana da illa ga fata da huhun mai aikin da yake shaƙar feshinsa yini guda. In man sarƙa na ainihi bai samu ba, sabon man inji ya fi wanda aka juye nesa ba kusa ba.

Mayar da hular fulogi, ka tayar da injin a ƙasa, sarƙar ba ta taɓa komai. Bar ta ta zagaya a matsakaicin gudu na minti biyu ko uku ba tare da yanka ba. Nuna hancin ga farin kwali ko sabon yankakken kututture, tazarar kamar taƙi ɗaya, kada ya taɓa: siririn layin mai zai bayyana. In bai bayyana ba, kashe, koma kan ramin mai. Gwada birki, in akwai. Kashe injin, jira sarƙar ta huce, sake duba ɗauri. Kusan kullum za ka tarar ta saki. Yi 'yan yanka marasa nauyi, ka sake dubawa. A rabin sa'ar farko sabuwar sarƙa tana buƙatar wannan dubawar a kai a kai, domin ribitocinta suna zama ne a gurabensu.

In sarƙar tana gudu, hayaƙi na tashi, itace bai ko kwarzanu ba, a baibai take. In injin yana kuka sarƙar ba ta motsi, ko birki ne a kame, ko ɗauri ya yi yawa, ko ƙafafun ba su hau sifiroket ba. Kada ka ci gaba da ba shi wuta, kuloci zai ƙone ya narkar da robar da ke gefensa. In kana jan ta da hannu tana tsauri a wani wuri tana saki a wani, sifiroket ya cinye ba daidai ba, ko datti ya maƙale a cikinsa. In sabuwa ce fil amma yanka yana karkata, laifin takobi ne. In tana zagayawa alhali ba ka danna maƙunnin ƙara wa injin wuta ba, wannan ba daga sarƙa ba ne: ko silo, wato gudun injin idan ba a ba shi wuta ba, ya yi sama, ko sifirin ɗin kuloci ya saki, a gyara kafin a shiga aiki.

Akwai dabarar da ake yi wa sarƙar da ta miƙe, a cire mata gaɓa ɗaya a sake haɗawa. Tana dawo da ɗauri, amma miƙewar tana nan a kowane ribiti, tazarar ta riga ta wuce ta sifiroket, shi zai biya kuɗin. Tsohuwar da haƙoranta suke da saura, a wanke ta da kananzir, a shafa mata mai, a ajiye don yankan saiwa da kututturen da ke cikin ƙasa, inda ba a son kai sabuwa.

Idan a tsakiyar aiki zafi ya sa sarƙar ta saki har ka ƙara mata ɗauri, to da an tashi aiki a sassauta ta kafin a ajiye injin. Ƙarfe in ya huce tsukewa yake yi, kuma sarƙar da aka ɗaure da zafi za ta kwana tana jan sandar kuloci da boris ɗinta har gari ya waye.